Kuna Musu Kan Faifan Nas, Muryar Narambaɗa Na Ruɓewa a Memori

Ranar Asabar da ta wuce, bayan la'asar, na zauna a zauren gidanmu na Mabera ina sauraron samari biyu suna neman cinye juna a kan abin da bai kai a tayar da jijiyar wuya ba. Ɗaya ɗan ƙanwata ne, ya gama karatu a ƙasar waje ya dawo mana da garmahon zamani da faifai guda a cikin kwali, yana riƙe da shi kamar jaririn da aka haifa jiya. Ɗayan abokinsa ne, shi kuma da kwamfutar cinya da wani ƙaton abin sa wa kunne mai kama da na matuƙin jirgi. Waƙa ɗaya suke ji: kundin gambarar nan na Nas, Illmatic, wanda ya fito a Amurka a watan Afrilun 1994. Wannan ya rantse cewa sai a faifai ake jin ɗumin sautin. Wancan ya ce ƙarya ne, nasa na kwamfuta mai bit 24 shi ne sauti tsantsa, ba ƙaiƙayi ba tsakuwa. Da suka gaji suka juyo kaina. "Kawu, kai ka ga jiya ka ga yau, raba mana gardama."

Na raba musu, amma ba yadda suka so ba. Kuma tun ranar raina bai kwanta ba, shi ya sa na ɗauko alƙalami.

Bari in fara da gardamar tasu, don kada su ce tsoho ya rasa amsa ya fake da faɗa.

Sautin da ke cikin faifan CD, wanda ya shigo kasuwa a 1982, na'ura ce take auna shi sau 44,100 a kowace daƙiƙa, kowane awo kuma tana ajiye shi a ɗaya daga cikin matakai 65,536. Abin da ake kira bit 16 ke nan. Wannan awon ya isa ya kama duk wani sauti har zuwa kaɗawa 22,000 a daƙiƙa, alhali kunnen ɗan Adam mai cikakkiyar lafiya iyakarsa wajen 20,000, shi ma sai yaro ƙarami. Wanda ya shekara goma yana bin titin Ahmadu Bello cikin ƙarar babura da hon ɗin Keke Napep, ya kwana janareton maƙwabci na kuka a bayan tagarsa, kada ma ya sa kansa a lissafi. To shi mai kwamfuta yana alfahari da awo 96,000 ko 192,000 a daƙiƙa da matakai sama da miliyan 16. Madalla. Sai dai abin da ya ƙaru a kai, jemage ne zai more shi.

Abin dariyar ma yana gaba. Kiɗan da ke ƙarƙashin muryar Nas ba makaɗa aka tara a ɗaki suka buga ba. Masu haɗa kiɗan, su DJ Premier da Pete Rock da Large Professor da Q-Tip, tsofaffin faya-fayan jaz da makamantansu suka riƙa tonowa, su yanko ɗan guntu, su zuba a na'ura ta riƙa maimaita shi. Piyanon da ake ji a waƙar da Pete Rock ya haɗa, daga faifan Ahmad Jamal na 1970 aka yanko shi. Na'urar da Pete Rock ya yi suna da ita, SP-1200, wadda ta fito a 1987, bit 12 gare ta, wato matakai 4,096 kacal, tana awo sau 26,040 a daƙiƙa, kuma duk abin da cikinta ke iya ɗauka bai wuce daƙiƙa goma ba. Saboda wannan ƙarancin ne masu aikin kan juya faifai da sauri su ɗauka, sannan su rage gudun a cikin na'urar, abin da ke ƙara wa sautin kaushi. Wannan kaushin shi ne daɗin. Shi mutane ke so. Muryar mawaƙin dai an ɗauke ta daban a ɗakin ɗaukar sauti, wannan gaskiya ne, amma gangar da ke dukan ƙirjinka ta riga ta bi ta ƙaramar ƙofa tun 1993. Ka auno gero da gwangwanin madara ka juye a buhu, ba zai zama buhun gero ba.

Shi kuma mai faifai, da yake ta murmushi yana zaton na goyi bayansa, nasa ya fi muni. Ɗumin da yake magana a kai, rabinsa naƙasa ce da kunne ya saba da ita. Kafin a sassaƙa waƙa a jikin faifai sai an rage ƙarfin sauti mai kauri, in ba haka ba allura za ta yi tsalle ta bar layi, garmahon ne ke mayar da shi lokacin saurare. Tazarar da ke tsakanin sauti mafi rauni da mafi ƙarfi a faifai ba ta cika wuce desibel 70 ba, ta CD kuwa 96 ce. Waƙar da ta faɗo kusa da tsakiyar faifai ba ta kai ta bakin gefe tsabta ba, domin a can layin ya matse. Kuma duk juyin da aka yi, allura na ɗan cin jikinsa. Idan wani faifan ya fi na kwamfuta daɗi, kuma yakan faru, galibi dalilin shi ne wanda ya tace na kwamfutar ya danne sautin ya cika shi da ƙara don ya yi amo a mota, shi kuwa faifai ba ya jure wannan danniya. Hannun mai tacewa ne ya bambanta su, ba baƙar roba ba.

In kana son ka san iyakar kunnen masu yabon faifai, ga labari. A 2022 asiri ya tonu cewa kamfanin Mobile Fidelity na Amurka, wanda masu son faifai ke ɗauka tamkar alƙibla, ya shekara da shekaru yana bi da sautin ta na'urar dijital kafin ya sassaƙa shi a faifai. Duk tsawon lokacin nan gwanayen kunne suna saye da tsada suna yabon tsarkinsa, babu wanda kunnensa ya gaya masa. Sai da magana ta fito sannan aka garzaya kotu, aka yi sasantawar da aka ƙiyasta ta kai dala miliyan 25.

Sannan wai a Sakkwato! Garin da zafin Afrilu ke haura digiri 40 a inuwa. Ka manta faifai a bayan mota daga azahar zuwa la'asar ka dawo ka tarar da shi ya lanƙwashe kamar faifan kaba da aka rufe tukunya da shi. Hunturu ya zo, ƙura ta shiga kowane layi, allura ta riƙa tafasa kamar ana suyar ƙosai. Wuta kuwa, kowa ya san halinta.

To wannan ita ce amsar gardamarsu, kuma da a nan maganar ta tsaya da ban ɓata takardar jarida ba. Yaro ya sayi abin da yake so da kuɗinsa, ba ruwana. Ban ƙi Nas ba. Yaro ɗan shekara ashirin daga gidajen talakawa na Queensbridge ya zauna ya tsara magana ta yi kyau, wanda ya tashi cikin jin Shata ba zai raina gwanin baki ba ko da wane harshe yake yi.

Abin da ya tayar mini da hankali ya faru ne ana cikin gardamar. Baffana, yayan mahaifina, wanda ya haura tamanin, mutumin ƙasar Isa ne ta wajen uwa, kuma da kunnensa ya ji Ibrahim Narambaɗa yana waƙa a gaban Sarkin Gobir na Isa Amadu tun yana saurayi. Yana kishingiɗe a gefe yana jan carbi, hayaniyar ta dame shi, sai ya ce wa ɗan ƙanwar tawa in dai na'urar nan tasa na da kyau haka, to ya sa masa Narambaɗa. Yaro ya duba kwalinsa, faifai ɗaya ne. Abokin ya shiga kwamfutarsa, babu. Daga ƙarshe a wayata aka samu, cikin tarkacen da wani ya turo a WhatsApp. Aka haɗa da lasifikarsu mai tsada, aka kunna.

Wallahi kunya ta kama ni. Sauti ya fito kamar daga ƙasan rijiya. Kotso ya koma kamar ana dukan kwali. 'Yan amshi sun dunƙule sun zama murya ɗaya mai gunji. Ana cikin baiti na biyu sai ga muryar wani yaro ta faso, yana tallar shagonsa na tura waƙoƙi har da lambar waya, sannan waƙar ta ci gaba, ta kuma yanke ba a kai ƙarshe ba. Baffa ya saurara shiru, ya ɗaga hannu ya ce, "Kashe abin ga, ɗana. Wagga ba muryatai ta ba."

Ba muryarsa ba ce. Mutumin da ya san muryar ya faɗa. Kuma nan da 'yan shekaru babu sauran wanda zai iya faɗin haka, sai abin da ke cikin memori ya zama shi ne Narambaɗa.

Ku bi sawun wannan waƙa ku ga irin wahalar da ta sha kafin ta iso wayata. An ɗauke ta a zamanin da Narambaɗa ke raye, shi kuwa ya rasu tun farkon shekarun 1960. Wani gidan rediyo ya sa ta, wani ya kara rikoda a bakin rediyonsa ya ɗauka a kaset, tare da shuuu ɗin gajeren zango. Mai shagon kaset a kasuwa ya kwafa daga wannan, wani ya kwafa daga nasa, wani daga na wancan, kowane kwafi yana ƙara hazo yana zubar da kaifin sauti. Rikodar wani batirinta ya yi sanyi, ta ja zaren a hankali, murya ta yi kauri. Ta wani ta cika gudu, dattijo ya koma kamar ɗan yaye. Da zamanin waya ya zo, aka mayar da ita MP3, aka matse don ta shiga ƙaramin memori. MP3 mai lamba 128, wanda ake ganin na kirki ne, kashi ɗaya cikin goma sha ɗaya ne na nauyin abin da ke CD, masu turi kuwa sukan matse fiye da haka don waƙa dubu ta shiga wuri ɗaya. Wani ya ɗora ta a bidiyo da hoton wani tsoho mai rawani da ba wanda ya tabbatar ko wane ne, wani ya sauke ya sake matsewa. Abin da ya rage shi muke kira gadonmu.

Wani zai ce ai ana jin waƙar, mene ne na ɓacin rai? Wanda ya faɗi haka bai san abin da ake saurare a waƙar fada ba. Hausa harshe ne mai karin sauti, hawa da saukar murya ke raba kalma da kalma. Kotso da kalangu kuma ba rakiya kawai suke yi ba, magana suke, makaɗi na matsa tsarkiya yana sassautawa ganga na faɗin abin da baki bai faɗa ba. In gudun zare ya karkace, ko matsi ya cinye amon fatar, maganar gangar ta tafi. Haka baƙaƙen da ke rarrabe lafazi, irin su sa da sha da tsa, a saman sauti suke zaune, su ne kuma farkon abin da kwafin kaset da matsin kwamfuta ke yankewa. Ga shi mutanen nan da Gobiranci da Zamfarci da Sakkwatanci suka yi waƙa, cike da sunayen garuruwa da na dawaki da na bayin sarki da kalmomin da yanzu ko a ƙauye sai tsofaffi. Na ga kundin ɗalibin jami'a da ya rubuta baitocin Salihu Jankiɗi, layi bayan layi ɗigo-ɗigo ne a inda ya kasa ji, wani wurin kuma ya cike da abin da ya zata. Ba laifinsa ba ne, abin da ya samu ke nan. Amma gobe wani zai ɗauko kundin nan ya kafa hujja da shi, kuskuren kunne ya zama tarihi.

A nan ne abin ya fi ci mini rai, domin a Sakkwato muke. Garin da aka san darajar asali. Malamin zaure ba ya karɓar littafi sai ya tambayi hannun wa ya kwafa, daga wane kwafi, wa ya karanta wa wa. Magabatanmu sukan rubuta sunan mai kwafi a ƙarshen littafi don in an ga kuskure a san inda ya shigo. Da wannan tarbiyya ce rubuce-rubucen Shehu da Abdullahin Gwandu da Muhammadu Bello da Nana Asma'u suka iso gare mu bayan shekara ɗari biyu. Waziri Junaidu, Allah ya jiƙansa, ya ƙare rayuwarsa yana tattara takardu yana adanawa, har aka sa wa gidan adana tarihi na jiha sunansa. Mutanen da suka iya wannan da tawada da takarda, su ne suka kasa riƙe muryar da aka ɗauka shekara sittin da suka wuce. Ka tambayi duk mai tura waƙa a kasuwa daga ina ya samo wannan, a wace shekara aka ɗauka, a wane gari, su wa ke amshi. Zai dube ka kamar ka yi masa Faransanci.

Na san abin da wasu ke faɗi a zuci, domin an sha faɗa mini a fuska: kiɗa ne fa, in ya ɓace me aka rasa? Ba zan shiga gardamar malamai ba, ba fagena ba ne. Amma zaren kaset bai san bambancin waƙa da wa'azi ba. Ƙurar da ke cin Ɗanƙwairo ita ke cin tafsirin malaman da suka rasu, da karatun alarammomin da ba a sake yin irinsu ba, da jawaban Sardauna, da muryar Sarkin Musulmi Abubakar na III wanda ya yi shekara hamsin a kan gado, daga 1938 zuwa 1988. In ba ka damu da mai kotso ba, ka damu da waɗannan. Kuma ko mai ƙin kiɗa, in dai mai son tarihi ne, ya san cewa a bakin Sa'idu Faru akwai jerin sarakuna da zuriyarsu, a bakin Ɗan Anace akwai duniyar 'yan dambe da mahauta da ba wani littafi da ya rubuta ta, a bakin Ɗanƙwairo, wanda ya rasu a 1991, akwai siyasar Arewa tun daga Jamhuriya ta Farko.

Ba kuma a ce ba a ɗauka da kyau tun farko ba. An ɗauka. Gidan rediyon Kaduna, tun kafuwarsa a 1962, ya tara makaɗan Arewa a gaban makirfo na ƙwarai, aka naɗe su a manyan zarurruka. Gidajen rediyon jihohi sun yi nasu. Kamfanin EMI ya buga Shata a faifai. Wani Ba'amurke mai suna David Ames ya zagaya ƙasar Hausa a shekarun 1960 da na'urarsa, abin da ya ɗauka aka buga shi a faifai a Turai cikin jerin UNESCO, da bayanin kowane kiɗa da kayan da aka yi shi da su. Je ka nemi wannan yau, za ka same shi tsaf a ɗakunan karatu na ƙasashen da ba su san ma'anar kalma ɗaya a ciki ba. Namu fa?

Shekarun baya na shiga ɗakin ajiyar wani gidan rediyo, ba zan faɗi ko wanne ba, ina neman wata hira da aka yi da mahaifina. Ma'aikacin da ya buɗe mini ƙofa sai da ya sa kafaɗa. Zarurruka a zube a ƙasa, wasu sun fita daga kwalayensu, rubutun jikinsu ya goge. Rufi ya yi yoyo a damina ya bar taswira a bango. Na'urar da za ta juya su guda ɗaya ce, ta mutu tun wani zamani, an ɗora mata tsofaffin fayiloli. Ya gaya mini, cikin sanyin murya kamar mai ba da labarin rasuwa, cewa a shekarun da kuɗi suka yi wuya, in ana son ɗaukar sabon shiri sai a ɗauko tsohon zare a goge a ɗora a kai. Wato akwai ranar da wani ya shafe muryar da ba za a sake samu ba don ya naɗi sanarwar bikin ɗiyar wani kwamishina. Ban ga laifin ma'aikacin ba, albashinsa ma ba ya isa. Ina ganin laifin duk wanda ya zauna a kujerar mulki a Arewa cikin shekara arba'in ɗin nan, ya kashe miliyoyi wajen hawan daba da raye-rayen tarbar baƙi da sunan raya al'ada, bai taɓa tambayar ina aka ajiye muryoyin ba. Ina ganin laifin attajiranmu da kakanninsu ke cikin waƙoƙin nan, suna kunna su a mota suna gyaɗa kai in an ambaci gidansu, amma ba wanda ya taɓa cire kuɗin taya ɗaya ya ce a ceto asalin.

Su ma Amurkawan ba mala'iku ba ne. A 2008 gobara ta cinye wani rumbun kamfanin Universal a Amurka, asalin zarurrukan mawaƙa masu ɗimbin yawa suka ƙone, aka yi ta rufa-rufa sai a 2019 jarida ta fallasa girman ɓarnar. Amma da ta fito, ƙasar ta ɗauka, aka yi ta ƙara a kotu. A 2021 kuma Ɗakin Karatu na Majalisar Amurka ya sa Illmatic cikin jerin sautukan da ƙasa ta ɗauki alhakin adanawa. Waƙar yaron unguwa, a lokacin tana da shekara 27 kacal. Bakandamiyar Narambaɗa, wadda malaman jami'a suka yi ta rubutu a kanta, wa ya ɗauki alhakinta? Shi ya sa ɗan ƙanwata ke da zaɓi tsakanin faifai da bit 24: akwai asali a ajiye da ake komawa a ɗebo. Gardamar tasu gardamar 'ya'yan masu rumbu ce. Mu da rumbunmu ya rushe, mun aro ta muna yi.

Wani abin ma sai ka rasa dariya za ka yi ko kuka. Akwai wani ƙaramin kamfani a Amurka, Sahel Sounds, wanda mai shi ya zagaya Sahel yana kwasar waƙoƙi daga memorin wayoyin mutane, ya buga su a faifai a 2011. A 2013 ya fitar da faifan waƙoƙin finafinan Hausa mai suna Harafin So. Ban zarge shi ba, ya nemi mawaƙan, ya yi abin da mu ba mu yi ba. Amma ka duba zagayen: waƙar da aka haɗa a kwamfuta a Kano ta haye teku, an sassaƙa ta a baƙar roba, Bature ya saya ya zauna yana lumshe ido yana jin ɗumi. Ba mamaki wata rana ɗan ƙanwata ya sayo Ɗanƙwairo daga Landan da fam, ya kawo mini yana cewa, Kawu, ka ji yadda Turawa suka iya sauti.

Ga abin da na gaya wa yaran nan biyu, kuma shi nake gaya wa duk mai irin kayansu. Bit 24 da awo 96,000 da kuke wasa da su, ba don kunnenku aka fi buƙatarsu ba. Wannan shi ne ma'aunin da masu adana sauti na duniya ke amfani da shi in za su kwashe tsohon zare ko tsohon faifai zuwa kwamfuta: a ɗauka sau ɗaya, da faɗi, ba matsi, ba gyara, har da shuuu ɗin, a ajiye a wuri fiye da ɗaya, a rubuta wane ne, yaushe, a ina, daga hannun wa. Wanda zai tace daga baya ya tace kwafi, asali na nan. Garmahon nan kuma da allurarsa mai tsada, aikinsa na gaskiya shi ne ya juya faya-fayan da ke jibge a ƙarƙashin gadajen tsofaffi a Kanwuri da Gwadabawa da Talatar Mafara da Argungu, waɗanda magada ke zubarwa ranar rabon gado don ba wanda ya san amfaninsu. Kayan aikin ceto ne a hannunku, kun mai da su abin gasar wa ya fi wa kunne.

Lokaci kuma ba ya jira. Tun 2019 UNESCO da ƙungiyar masu adana sauti ta duniya suka yi shelar cewa na'urorin juya zare na ƙarewa, an daina ƙera su, kayan gyaransu na ɓacewa, masu gyaran na mutuwa, suka ce wajen 2025 abin zai fara gagara. Wannan gargaɗi ga ƙasashe masu ɗakunan sanyi aka yi shi. Mu da zarenmu ke kwance cikin zafin bazara da raɓar damina, lissafinmu ya fi haka gajarta. Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo na da masana Hausa da suka san waƙoƙin nan baiti-baiti, wasu kuma irin su Farfesa Sa'idu Muhammad Gusau a Kano sun ƙare ƙuruciyarsu suna bin makaɗa gida-gida suna rubuta tarihinsu. Ilimin na nan. Abin da babu shi ne ɗaki ɗaya mai sanyi, da na'ura uku masu aiki, da matasa biyar da za a biya su albashi su zauna su yi ta kwashewa, da wanda zai bi gidajen iyalan makaɗan a nemi izininsu a kuma ba su haƙƙinsu, don su ma an daɗe ana ci da guminsu. Kuɗin bai kai na motar rakiya guda a ayarin gwamna ba.

Ɗan ƙanwata ya yi fushi, ya ce, "Kawu, daga tambaya sai ka mai da mu masu laifi?" Na ce masa ba shi ya goge zaren ba, amma shi ke da na'ura. Abokin ya naɗe wayoyinsa ya yi sallama, ko ruwan da aka kawo masa bai sha ba.

Bayan magariba Baffa ya aika aka ɗauko masa wata tsohuwar adaka daga ɗakinsa. Kaset ne a ciki, na ƙirga arba'in da uku, da faya-fayai shida naɗe a cikin tsohon rawani, biyu sun tsage. A jikin wasu kaset ɗin akwai rubutun ajami da hannunsa, sunan makaɗi da garin da ya saya. Ya tura adakar gaban yaron da ƙafa, bai ce komai ba. Yaron ya ɗauki ɗaya yana juyawa, ya rasa ta inda ake sa shi, don bai taɓa riƙe kaset ba. Har yau adakar na zaure, muna neman mai rikodar da ba ta cin zare.